Me ya sa har yanzu soja ke hawan dutse da ƙafa, alhali ga jirage?

Tambayar ta zo ne daga wani ɗalibi a jami'ar Tawa, ɗan tsohon abokin aikina: "Baba, ka daɗe kana horar da sojan ƙasa. A zamanin nan na jiragen yaƙi da jirage marasa matuƙi, don me ake tura mutane su hau dutse da ƙafa, su mutu wajen ƙwace ƙololuwarsa? Ba a iya yi masa ruwan bama-bamai daga sama a huta?"

Ɗana, ana yi masa ruwan bama-baman. Babu kwamandan da zai samu jirgi da igwa ya ajiye su, ya tura ƴaƴan mutane haka kawai. Matsalar ita ce wuta tana sa mai tsaron dutse ya sunkuyar da kai, amma ba ta fitar da shi daga raminsa. Da ta lafa zai ɗago, ya kakkaɓe ƙura, ya koma bakin bindigarsa. Dutse yana zama naka ne ranar da mutanenka suka tsaya a kansa da ƙafafunsu, kuma ruwan sha da harsashi suka iske su can washegari.

Mu fara da abin da ya sa ake son dutsen tun farko. Kai ɗan Adar ne, ka san tuddan da suka kewaye kwarin Keita, ka san hawan Buza. In ka tsaya a bakin tudu da hantsi, duk motar da ta tayar da ƙura daga nesa kana ganinta, kana iya ƙirga shanun da ke bakin tabki. Wanda ke ƙasa kuwa in ya ɗaga kai, baƙin dutse kaɗai yake gani. To ba mutumin da ke saman nan madubin hangen nesa da oba-oba, ka ɓoye masa igwa a bayan tudun. Hanyar ta zama tasa ke nan, ko da bai taɓa kunamar bindiga ba. Aikinsa kawai ya ce a ƙara mita ɗari, a karkata hagu, harsashi ya faɗa kan ayarinka.

Faransa ta sha wannan a Diyan Biyan Fu, ƙasar Biyetnam, a 1954. Ƴan ƙasarmu da yawa sun yi yaƙin Indoshin a ƙarƙashin tutar Faransa, marigayi Janar Seyni Kountche ma ya yi aiki a can. Faransawa sun kafa sansani a cikin kwari da filin saukar jirgi, suna ganin babu yadda za a yi mutanen Janar Giap, kwamandan mayaƙan Biyetnam, su hau da igwa kan duwatsun da ke kewaye. Suka hau da su, da igiya da ƙarfin damtse, suka haƙa musu ɗakuna a cikin jikin dutse. Ranar 13 ga Maris wuta ta buɗe, kafin ƙarshen watan jirgi ya daina sauka. Kwamandan igwar Faransa, Kanar Piroth, ya kashe kansa a kwanakin farko don ya ga bai iya taɓa su. Amma lura da wani abu: duk da wannan fifiko, sai da Giap ya tura dakaru suka ci ƙananan tuddan sansanin ɗaya bayan ɗaya, suna haƙa rami suna matsowa, har zuwa 7 ga Mayu. Igwa ta shaƙe sansanin, ƙafa ce ta shiga.

Yanzu batun bom. A Italiya, lokacin yaƙin duniya na biyu, akwai tsaunin Monte Kasino. Tsayinsa wajen mita 520 ne, bai kama ƙafar Bagazam ɗinmu mai mita 2,022 ba. Sai dai yana kallon hanyar zuwa birnin Rum, kuma a kansa akwai tsohon gidan ibada na Kirista mai kaurin bango. Sojojin ƙawance, wato Amurka da Ingila da abokansu da ke yaƙar Jamus, suka ɗauka Jamusawa na ciki suna leƙensu. Ranar 15 ga Fabrairu 1944 jirage sama da 200 suka rushe shi. Ashe babu sojan Jamus a cikin ginin, fararen hula ne da suka fake a can suka hallaka. Bayan rushewar sai sojojin laima na Jamus suka shige kangon, kuma kango ya fi gini daɗin tsaro: ko'ina rami, ko'ina maɓoya, babu sauran rufin da zai faɗo wa mutum. Hari huɗu aka kai daga Janairu zuwa Mayu. Amurkawa sun gwada, Ingilishi da Indiyawa da ƴan Niyu Zilan sun gwada, sai ranar 18 ga Mayu ƴan Folan na Janar Anders suka kafa tuta a sama. Waɗanda suka mutu ko suka jikkata a ɓangaren ƙawance sun kai wajen 55,000.

Dalilin a fili yake ga duk wanda ya taɓa gyara harbin igwa a duwatsu. Igwa mai dogon baki harsashinta kusan a miƙe yake tafiya. In ya kuskure ƙololuwa da taku kaɗan, sai ya zarce ya faɗa can cikin kwarin baya. Mai tsaro ya san da haka, don haka ba ya zama a fuskar da ke kallonka. Mutum biyu ko uku yake bari a sama su yi gadi, sauran su kwanta a bayan dutse ko cikin kogo, su jira. Shi ya sa a irin wannan wuri ƙaramar morta, wadda harsashinta ke tashi sama ya faɗo a tsaye, ta fi babbar igwa daraja. Kuma dutse yana taya mai shi faɗa. Bom in ya faɗa a yashi, yashin ya haɗiye rabin ƙarfinsa. In ya faɗa a kan falalen dutse, tsakuwar da ta fashe ita ma harsashi ce, kuma wanda ke fili take samu, wato mai hawa. Ba ka iya haƙa rami ka ɓuya, sai dai ka tara duwatsu ka yi ɗan zagaye ka kwanta a ciki.

Bari in hau da kai, ka ga yadda abin yake. Da dare ake tashi, don da rana ana ganinka tun daga gindin dutse. Kowane soja na ɗauke da kilo 30 zuwa 40: bindiga, harsasai, gurneti, ruwa, sulke, ga harsashin morta ɗaya ko biyu da ake raba wa kowa, ga jigidar harsashin babbar bindiga. Ka ɗauka an ɗora maka jarka biyu ta lita ashirin cike da ruwa, aka ce ka hau Buza da su cikin duhu ba tare da tsakuwa ta yi motsi ba. Mai irin wannan kaya in ya samu tsayin mita 300 a awa guda ya yi ƙoƙari. A littafin horo ana cewa mai kai hari ya ninka mai tsaro sau uku, amma a dutse wannan lissafi ba ya aiki yadda yake a takarda. Kana iya zuwa da bataliya guda, hanyar hawan kuwa mutum biyu kaɗai take ɗauka a jere. Mutum biyun nan su ne rundunarka a wannan lokaci, sauran ɗaruruwan suna bayansu a layi ba su iya harbi. Mai tsaro kuma tun da rana ya saita bindiga mai jigida a kan wannan mashiga, ya binne nakiyoyi, ko bai ganka ba zai iya harbinka.

Wurin da ake asarar rai shi ne mita ɗari ko ɗari biyu na ƙarshe. Muddin kana nesa, igwarku na dukan ƙololuwa, mai tsaro kansa na ƙasa. Da ka matso dole a tsayar da wutar ko a matsar da ita gaba, in ba haka ba naku za ta kashe. Daga wannan daƙiƙa tsere ne tsakanin ƙafarka da ta gaji da hannunsa da ya huta. Shi gurneti mirgino shi kawai yake yi. Kai in ka jefa naka sama bai kai ba, ya dawo maka. A nan janar ba shi da ta cewa, ko kaftin ma mutum goma kawai yake gani. Sarzan da kofur ne ke cin dutse, su ne ke cewa ku uku ku rufe mu da wuta, mu biyu za mu zagaya ta wancan tsagi. Abin da ya sa nake takura wa ƙananan shugabanni a horo fiye da kowa ke nan, kuma har yau ina ganin rundunar da ta raina sarzan ba ta shirya wa dutse ba.

A yaƙin tsibiran Fokland a 1982, sojojin laima na Ingila sun hau tsaunin Longdon a daren 11 ga Yuni, da niyyar su iske ƴan Ajantina ba zato. Wani kofur ya taka nakiya, tsaunin duka ya farka. Aka kwana ana faɗa daga dutse zuwa dutse, da gurneti da wuƙar bakin bindiga, a zamanin da ɓangarorin biyu ke da jiragen yaƙi da makamai masu linzami. Ingila ta rasa mutum 23 a kan wannan tsauni.

A Kargil, tsakanin Indiya da Pakistan a 1999, tsayi kansa ya zama abokin gaba. Mayaƙa daga ɓangaren Pakistan sun hau ƙololuwar da ke kallon hanyar Sirinaga zuwa Leh, wuraren da Indiya ke bari babu kowa lokacin ƙanƙara. Wasu tsaunukan sun kai mita 5,000, inda iskar shaƙa ta kusa komawa rabin ta bakin teku, sanyi kuma na ƙaruwa da wajen digiri 6 a kowace mita 1,000. Daga mita 2,500 jiki ke fara ƙorafi: ciwon kai, amai, haki. Sojan da aka kwaso daga ƙasa aka tura shi sama ba tare da kwanakin sabo ba, taku kaɗan zai yi ya tsaya. Tsaunin Tololing ya ci wajen mako uku kafin ya faɗi ranar 13 ga Yuni. Indiya ta jera manyan igwoyin Bofors masu baki milimita 155, jiragen Mirage suka jefa bama-bamai masu bin haske, duk da haka tsaunin da suke kira Taiga Hil sai da aka hau shi da igiya cikin dare, ta gefen da ya fi tsayuwa, inda masu tsaro ba su sa ran ɗan Adam ba. Ya faɗi ranar 4 ga Yuli. Indiya ta ce ta rasa soja 527 a yaƙin.

Na san za ka ce to a sauke su a sama da jirgi mai saukar ungulu mana. Wannan jirgi yana son iska mai kauri. Tsayi da zafi suna rage masa ƙarfi, abin da zai ɗauka a Yamai da sanyin asuba ba zai ɗauka a Bagazam da azahar ba. Kuma wurin sauka a kan ƙololuwa ƙanƙani ne, mai tsaro ya san shi sarai. A Afganistan, ranar 4 ga Maris 2002, Amurkawa sun yi ƙoƙarin sauke mutane a kan tsaunin Takur Gar, mai tsayi fiye da mita 3,000, ba su san akwai mayaƙa a ramuka a wurin ba. Aka harbi jirgi na farko, soja ɗaya ya faɗo. Aka harbo wanda ya kawo ɗauki. Amurkawa bakwai suka mutu a ranar, kuma ragowar masu ɗaukin sai da aka sauke su a ƙasa suka hau da ƙafa cikin ƙanƙara.

Ce ka kai sama. Aiki bai ƙare ba, yanzu ma ya fara. Mutanenka sun gaji, harsashi ya kusa ƙarewa, shugabanni wasu sun faɗi. Abokin gaba ya san wurin taku-taku, don jiya shi ke kwance a nan, igwarsa ta riga ta san nisan. Soja mai horo ba ya jira gari ya waye, cikin awa ɗaya ko biyu zai dawo da hari kafin ka zauna da gindinka. Daga cikin mutum 23 na Longdon, wasu bayan an ci tsaunin ne wutar igwa ta same su. Don haka ake shirya rukuni na biyu tun kafin a tashi, waɗanda ba su yi faɗan hawa ba, su biyo baya da harsashi da ruwa su karɓi wurin.

Sai mai rauni. A fili mota za ta zo ta ɗauke shi. A dutse mutum huɗu zuwa shida ke ɗaukar makara ɗaya, in gangarar ta yi tsawo sai an yi canji. Na tsaya a kan wannan a atisaye a tuddanmu na Adar cikin bazara. Ka ga samari majiya ƙarfi sun ɗauko ɗan'uwansu, na gaba yana lalube da ƙafa, na baya ya ɗaga hannu sama har kafaɗa don kada wanda ke kwance ya zame, dutsen ya yi zafin da tafin hannu ba ya iya dafa shi, ƙasan takalmi ya fara ɓarewa. Wannan babu mai harbinsu ke nan. A fagen yaƙi in mutum biyar suka jikkata, su da masu ɗaukarsu wajen mutum talatin ke nan sun fita daga faɗa.

A ƙasarmu ta Sahel ruwa ne ke yanke hukunci kafin harsashi. Ka tuna farkon 2013, lokacin da sojojin Cadi suka ratsa ta Nijar suka shiga Mali. A duwatsun Adrar na Ifogas, arewa da Kidal, masu iƙirarin jihadi sun kafa sansani a kwarin Ametetai, kuma abin da ya ja su can rijiyoyi ne. Jiragen Faransa sun yi ta dukan wurin. Duk da haka ranar 22 ga Fabrairu ƴan Cadi suka shiga faɗa na kusa da kusa, suka rasa mutum 26. Sojojin Faransa su ma sauka suka yi daga motoci, suka bi duwatsun da ƙafa kwana da kwanaki cikin zafin da ya haura digiri 40, suna duba kogo bayan kogo. A irin wannan zafi soja mai kaya yana buƙatar wajen lita 10 a yini. Ninka wannan da mutum ɗari, tan guda ke nan na ruwa kowace rana, kuma wani ne zai hau da shi. Kwamandan da bai fara lissafi daga nan ba, ƙishirwa za ta sauko da mutanensa ba tare da an harba musu komai ba.

Saboda duk wannan, dabarar da na fi girmamawa ita ce kada ka tunkari dutse ta fuska in akwai wata hanya. Abin da ya kwance kullin Monte Kasino ma daga gefe ya zo. A watan Mayu 1944 rundunar Faransa ta Janar Juin, wadda akasarinta ƴan Maroko da Aljeriya da Tunisiya ne, ta bi ta duwatsun Aurunci da Jamusawa suka ɗauka ba su ratsuwa. Mutanen duwatsu ne tun daga gida, kayansu a kan alfadarai. Da suka ɓullo ta bayan layin tsaro, zaman Kasino ya zama haɗari ga Jamusawa, suka janye cikin dare, ƴan Folan suka iske kangon kusan babu kowa sai masu rauni. Dole in faɗa maka har da ɓangaren da ba shi da daɗi: wasu daga cikin sojojin nan sun yi wa matan ƙauyukan Italiya fyaɗe da ta'asa mai yawa, kuma wannan tabo ne da jarumtar hawan dutse ba ta wanke shi.

Jirgi maras matuƙi ya canza abubuwa, ba na musu. Nijar ma ta sayi Bayraktar TB2 daga Turkiyya. Babban abin da ya ƙwace wa mai tsaro shi ne sirrin bayan dutse: yanzu ana ganin inda yake kwance, ana ganin jakin da ke kawo masa ruwa, kuma wanda aka yanke wa hanyar ruwa ba ya daɗewa a sama. A yaƙin Karabak na 2020, wanda ya ɗauki kwana 44, irin waɗannan jirage na Azarbaijan sun lalata tankoki da igwoyin Armeniya da yawa. Amma garin Shusha, wanda ke zaune a kan tsauni mai tsayayyun gefuna, dakaru na musamman ne suka isa gare shi da ƙafa ta cikin daji da kwazazzabai, da abin da za su iya ɗauka a baya, a kwanakin da hazo ya rufe sama. An sanar da faɗuwarsa ranar 8 ga Nuwamba, bayan kwana biyu yaƙin ya tsaya. Kai da ka san yadda ƙurar hunturu ke rufe Tawa har a kasa ganin ƙarshen titi, ka san akwai ranakun da idon sama ba shi da amfani. Kogo kuma ko sama ta yi garau ba a ganin cikinsa.

Akwai gefen tambayarka da nake tare da kai ɗari bisa ɗari: ba kowane dutse ya cancanci jinin soja ba. A watan Mayu 1969 Amurkawa sun yi kwana goma suna hawan wani tsauni a Biyetnam da taswira ta ba lamba 937. Sun rasa mutum 72, ɗaruruwa suka jikkata, suka ci shi ranar 20 ga wata. Farkon watan Yuni suka sauka suka bar shi, don ba ya tsare wata hanya ko wani gari, mutanen da aka kora kuma suka dawo abinsu. Ni a wurina laifin wannan yana wuyan wanda ya ba da umarni. Kafin ka tura yaro ya hau, dole ka iya faɗa wa uwarsa abin da ake gani daga saman nan, da wanda zai zauna a kai bayan an ci shi, da ta inda ruwa zai riƙa isa gare shi.

Mu ma mun ga namu a Azbin tsakanin 2007 da 2009. Ƴan tawayen ƙungiyar MNJ, wadda akasarin mayaƙanta Abzinawa ne, sun fake a duwatsun Tamgak, inda mota ba ta shiga, suka mayar da faɗan kan hanyoyi da kwanton ɓauna da nakiyoyi. Iferwan ta kusa zama kufai, mutanenta suka watse, kuma a watan Disamba 2007 nakiya ta tashi har cikin garin Tawa da Maraɗi. An rasa sojoji, an rasa ƴan tawaye, an rasa fararen hula, dukansu ƴan ƙasa ɗaya. A 2009 aka zauna da shiga tsakanin Libiya, mayaƙan suka sauko suka miƙa makamai.